Jika Cikin Ja da Shuɗi

Idan kana son ka ga Mai Ɗab'i ya fita daga hayyacinsa, ba sai ka zage shi ba. Nuna masa takardar da aka buga launi ya zame, ja ya leƙo ta gefen shuɗi ko da faɗin silin gashi ne, sannan ka ja da baya ka sha kallo. Tun yana saurayi yake buga takardu a wani ɗan shago mai ƙofa ɗaya, kuma a nan ne wata rana wani ƙarfe ya ɓalle daga jikin inji ya tafi masa da idon hagu. Ɗayan da ya rage shi ne abin taƙamarsa. Yakan ce ido ɗaya mai aiki ya fi biyu masu kallon titi, kuma ba a iya musa masa, don ba a taɓa dawo masa da aiki ba.

Abin da ke damunsa a kwanakin nan ba a shago yake ba, a gida yake. 'Yarsu tilo, wadda aure ya kai wata ƙasa mai nisa, ta haifi ɗa namiji, jikansu na fari. Matarsa kuwa tun bara ɓarin jikinta na hagu ya shanye, likita ya hana ta doguwar tafiya, su kuma masu jegon sai baɗi za su samu zuwa. Hotuna dai kullum suna shigowa a waya. Takan karɓa da hannunta mai lafiya, ta kalla, ta kalla, sai ta kife wayar a kan katifa.

"An shafe min shi kamar an bi shi da dutsen guga," in ji ta. "Ni kumatun nake son gani, Malam, in ga tudunsu. Kafin baɗi ya miƙe ya zama wani yaro daban. Ni ma kuma, wa ya san baɗin?"

Wannan tambayar ta ƙarshe ita ce ta hana shi sakat. Yana tsoronta.

Ran nan da hantsi sai ga wata malamar kimiyya ta shigo da aiki, tana son a buga mata babban hoto da za ta liƙa a bangon aji. Ya buɗe shi a kwamfuta. Wasu duwatsu ne zube a wani fili fetal, kowane dutse da jar inuwa a gefe guda, shuɗiya a ɗaya gefen. Mai Ɗab'i ya haɗe girar sama da ta ƙasa.

"Malama, wanda ya haɗa miki wannan ya cuce ki. Launin ya zame, zamewa ma ba ƙarama ba. Ki ba ni zuwa anjima in daidaita miki, don wannan ba zai fita daga shagona a haka ba."

"Ka rufa min asiri, Baba, kada ka daidaita," ta ce tana dariya. "Zamewar ita ce aikin."

Ta zaro wani tabarau na kwali daga jakarta, ido ɗaya jar leda, ɗayan shuɗiya mai haske irin ta sararin sama. Ta ce duwatsun na duniyar Mars ne, na'urar da aka aika can ce ta ɗauko su da kyamara biyu a jere, kamar idanun mutum.

"Hotuna biyu ne aka ɗora kan juna," ta ce. "Ka san idon hagu da na dama ba wuri ɗaya suke ba, kowanne da gefen da yake hango abu. Ƙwaƙwalwa ce ke haɗa su, ta gane wannan na kusa ne, wancan na nesa. Gwada ka gani. Miƙa yatsanka gaba, ka rufe idon dama, sannan ka rufe na..."

Sai a lokacin ta lura da idonsa. Ta rasa inda za ta sa kanta.

"Ci gaba, 'yata," ya ce. "Na hagun ya riga ki, ya daɗe da rufewa."

Allah ya taimake ta, Mai Fitila ya leƙo. Maƙwabcin shagon ne, mai ba da hayar fitilu masu launi ga masu taro, mutumin da ba a gama zance a layin nan ba tare da kunnensa ba. Malama ta ɗora masa tabarau, ta tsayar da shi gaban kwamfuta. Ya ƙura wa hoton ido. Can sai ya ja da baya a firgice, ya ture kwandon shara, ya dafa tebur.

"Kai, dutsen nan ya fito waje. Wallahi ga shi nan a gaban hancina. Ga rami kuma a bayansa, mutum zai iya faɗawa."

Mai Ɗab'i ya karɓi tabarau ya sa, duk da ya san abin da zai gani. Duwatsu ne shuɗaye, a shafe, ba tudu ba kwari. Amma ko a jikinsa, don abin da ya gani a fuskar Mai Fitila ya ishe shi. Abin nema ya samu, matar ɗan sanda ta haifi ɓarawo. Ya jawo wa malama kujera, ya goge ta da hannun riga, ya ce ba inda za ta sai ta gaya masa komai tun daga tushe.

Ita ma dama mai son a tambaye ta ce. Ta ce abin ba sabo ba ne, ya girmi kakanninsu duka. Fiye da shekara ɗari da hamsin ke nan wani Bajamushe ya fara gwada shi da zanen layuka masu launi biyu. Bayansa wani Bafaranshe ya haska hotuna biyu a bango da fitilu biyu, ɗaya ja ɗaya kore, ya raba wa 'yan kallo tabarau.

"Ka ji ko? Da fitila aka yi suna," in ji Mai Fitila, yana buga ƙirji.

"Sai wani Bafaranshen kuma," malama ta ci gaba, "shi ne ya sauke abin a kan takarda, da tawada."

"To ka ji inda ya samu gidan zama," in ji Mai Ɗab'i.

Daga nan, in ji ta, aka kai shi silima, aka kai shi littattafan zane na yara. A yi yayinsa, a watsar, a sake tonowa. Sirrin dai bai taɓa sauyawa ba: kowace leda kamar mai gadi take a bakin ƙofa, ta bar hoto ɗaya ya wuce, ta tare ɗayan, kowane ido ya samu nasa. Jar ledar a idon hagu take zama, shuɗiyar a dama, haka aka saba. Inda launukan biyu suka hau kan juna daidai, nan ne ke zama a kan takarda, sauran kuma ya fito waje ko ya nutse ciki.

"Da waya ɗaya fa, za a iya?" ya tambaya.

"Za a iya, in abin ba ya motsi. A ɗauka, a gusa dama kaɗan, a sake ɗauka."

"Jariri fa?"

Ta dube shi, ta yi murmushi. "In yana barci. Kuma kada a sa masa jan kaya, ido ɗaya zai gan su fari, ɗayan baƙi."

Ranar nan bai jira rana ta yi sanyi ba ya rufe shago. Ya shiga gida kamar an koro shi, ko takalmi bai gama cirewa ba ya fara magana.

"Uwargida, shirya. Zan kawo miki angon naki har ɗakin nan."

"A aljihu za ka sako shi?"

"Ke dai ki sa ido. Da kumatunsa da komai. In ban kawo shi ba, ki daina kirana mai ɗab'i."

Ta yi masa kallon da take masa tun suna da ƙuruciya in ya ɗauko wata sabuwa. Amma ya ga idonta ya yi haske, kuma nan ya gane ya ɗaure kansa. Mara lafiya ba a yi masa alkawarin wasa.

Aikin farko a wuyan 'yar ya faɗa. Ya kira ta, ya karanta mata doka kamar mai koyar da tuƙi.

"Uwata, ki saurare ni da kyau. Farar riga za ki sa masa. Ki ɗauka sau ɗaya, sai ki gusa wayar dama kamar faɗin yatsa uku, ki sake ɗauka. Kada ki karkata, kada ki matsa gaba, kada ki yi numfashi."

"Baba, in mutu ke nan?"

"Bayan kin ɗauka kya yi numfashin."

Sai dai shi jikan ba a yi shawarar da shi ba. Hotunan farko da suka zo, da Mai Ɗab'i ya ɗora su kan juna, yaro ya fito da hannu uku. Na biyu baki biyu, ɗaya a rufe ɗaya yana hamma. Na uku kuwa a hoto ɗaya yana nan, a ɗayan sai ƙafa kawai, don uban ya ɗauke shi a tsakani. Mai Ɗab'i ya dinga zagaye shago yana mita, yana cewa wannan ɗan ƙwacen tun bai san shi ba ya fara yi masa zagon ƙasa. Kwana da kwanaki ana abu ɗaya, 'yar tana dariya har da hawaye a waya, shi kuma yana cewa a sake.

Mai nema yana tare da samu. Wata safiya hotuna biyu suka shigo, ya buɗe, ya miƙe tsaye bai sani ba. Yaron yana barci a kan farin zanen gado, kumatu dam, ya ɗaga dunƙulen hannunsa guda sama kamar mai shirin dambe. Hotunan kamar tagwaye suke. Sai da ya ƙura ido sosai ya samo bambancin: a na hagu kunnen yaron a fili yake, a na dama kuma dunƙulen hannun ya rufe gefen kunnen. Ɗan wannan bambancin shi ne dukiyar duka.

Leda kuma wurin Mai Fitila ya samo ta, irin wadda ake rufe bakin fitila da ita. Sai da suka baje duk ja da duk shuɗin da ke shagon a ƙasa, Mai Ɗab'i yana ɗaga su ɗaya bayan ɗaya yana leƙen hasken ƙofa, yana yar da wannan don ta yi ruwan lemo, yana yar da waccan don ta yi duhu. Ya yanka kwali da hannunsa, ya fitar da gurbin hanci, ya naɗe gefen da zai hau kunne don kada ya goge mata fata. Ja a hagu, shuɗi a dama, kamar yadda malama ta faɗa.

Hoton malama ƙaramin inji ne ya tofo shi kai tsaye daga kwamfuta, ba ruwan kowa. Na jikansa kuwa ya ce sam, a babban inji zai buga shi, tsohon abokin tafiyarsa, da tawadar da ya dama da kansa. Ya fitar da farantin ƙarfe biyu da ake ɗora wa inji, ɗaya na hoton hagu, ɗaya na dama. Jar leda ce a idon hagu, saboda haka ya ba farantin hagu jar tawada, na dama ya ba shi shuɗiya. Ja da ja, shuɗi da shuɗi. Haka hannunsa ya saba tun yana koyo, kowane launi da ɗan'uwansa, bai ma tsaya tunani ba. A nan gwani ya yi tuntuɓe, sai dai murna ba ta bar shi ya ji zafin ba.

Bugun kansa abin kallo ne. Ya daidaita launukan a kan zanen gado kawai, don yaron ya taso sama, ya bar sauran a zame. Takarda ta fara fitowa, hannu ja da hannu shuɗi suna gefe da gefe, kumatu biyu-biyu. Mutumin da ya ƙare rayuwarsa yana yaƙi da zamewar launi, yau shi ne ke yin ta da gangan. Sau da yawa hannunsa na tafiya da kansa wurin ƙusar daidaitawa, sai ya buge shi da ɗayan.

"Zauna, ba da kai ake ba," yake ce wa hannun.

Da tawada ta bushe ya ɗauki tabarau ya gwada iyakar abin da mai ido ɗaya zai iya gwadawa. Ya leƙa ta jar leda, ya ga hoto ɗaya tsaf, ba inuwa. Ya leƙa ta shuɗiya, nan ma hoto ɗaya tsaf. Bakinsa har kunne. Bai tsaya ya tambayi kansa wane hoto ne ke wucewa ta wace leda ba.

Mai Fitila yana tsaye a bakin ƙofa yana haɗiyar yawu.

"Ba ni in duba maka. Ni mai ido biyu ne, kuma ledar ma tawa ce."

"Ko alama."

"Haba, mutumina. Kallo ɗaya. In akwai gyara ai gara a gani a nan."

"Gyara? A aikina?" Ya naɗe takardar a hankali. "Kai ka fara ganin duwatsu, ya ishe ka. Wannan idon kakarsa ne zai fara sauka a kansa."

Gaskiya ce ya faɗa, amma ba ita kaɗai ba ce. Akwai girman kai a ciki, irin na wanda bai taɓa roƙon aron ido ba.

Da azahar ya isa gida, lokacin da haske ya fi cika ɗakin. Ya yaye labule, ya tayar da ita zaune, ya jera mata matasai a baya. Ya manna hoton a kan wani faffaɗan katako, ya jingina shi da bayan kujera dab da gado, a rufe da tawul. Ya saƙala mata tabarau a kunne.

"Ka mayar da ni 'yar wasa," ta ce.

"Kin yi kyau. To, bismillah."

Ya janye tawul. Bai kalli hoton ba, fuskarta yake kallo, yana jiran abin da ya gani a fuskar Mai Fitila. Ta ɗan karkata kai. Sai ya ga murmushin da ta taho da shi ya gushe.

"Malam, me ya sami yaron nan?"

"Kamar yaya?"

"Fuskarsa ta lotsa. Ta shige ciki kamar cikin kwano. Hancin ya nutse, kumatun rami ne." Muryarta ta fara karyewa. "Hannun ma can ƙasa yake, kamar an binne shi a katifa. Ba shi da lafiya, ko? Shi ya sa ba za su zo ba. Kun haɗa baki kun ɓoye min."

"Wallahi lafiyarsa ƙalau. Ai kin ga hotunansa a waya."

"A waya ba a ganin zurfi, kai ka faɗa. Yanzu ga shi na gani." Ta fizge tabarau ta yar a kan bargo, hawaye na bin kuncinta. "Ba ni wayar in kira ta."

Ya dubi hoton, ya ga abin da yake gani tun a shago, ja da shuɗi a zame, yaro mai ƙoshin lafiya yana barci. Ramin da take magana ba shi da hanyar ganinsa. Kunya ta rufe shi, da tsoro, don likita ya ce a guji tayar mata da hankali, ga shi shi da kansa ya ɗauko tashin hankalin ya jingina mata a gaban gado. Tun ranar da ya rasa idon nan bai taɓa jin rashinsa kamar yau ba.

"Ki ba ni ɗan lokaci," ya ce. "Laifin nawa ne, ba na yaron ba. Ki bari in nemo shi."

Ya ɗauki tabarau ya durƙusa gaban hoton. Ya leƙa ta shuɗiya, tsaf. Ya leƙa ta ja, tsaf. Ya sake leƙawa ta jan, a hankali wannan karon, yana bin hoton kamar yadda yake bin aikin wani in yana neman aibu. Zanen gado, riga, haɓa, kunne. Ya tsaya a kunnen. Dunƙulen hannun ya rufe gefensa.

Wannan ai hoton dama ne. Me yake yi a ledar idon hagu?

Sai abin ya faɗo masa gaba ɗaya, har ya dafe kai. Jar leda ba ta nuna jar tawada, haɗiye ta take yi, ta mayar da ita fari kamar takarda. Abin da ke saura a ido shi ne shuɗin. Ya san wannan tun yana share ƙasan shago, kowane mai ɗab'i ya sani. Ke nan idonta na hagu yana cin rabon na dama, na dama yana cin na hagu, duk abin da ya kamata ya taso sai ya nutse. Dariya ta kuɓuce masa, irin ta wanda ya tsallake rijiya da baya.

"Kana dariya?" ta ce cikin kuka.

"Kaina nake yi wa. Uwargida, mijinki ya sa wa yaro takalmi a juye, shi ke nan abin da ya faru."

Ba sai an koma inji ba. Ya lanƙwasa hannayen tabarau suka koma baya, ya juya shi, ja ya dawo dama, shuɗi ya koma hagu. Ya miƙo mata, ta kawar da kai.

"Ba na son in sake ganin ramin nan."

"Sau ɗaya. In kin ga rami, ni da kaina zan yayyaga shi, in kira miki ita ki zage mu tare."

Ta daɗe tana kallonsa. Sannan ta share ido da gefen mayafi, ta miƙo fuska. Ya saƙala mata, ya koma gefe ya tsuguna.

Da farko ba abin da ya motsa a fuskarta. Sai girarta ta ɗaga. Sai bakinta ya buɗe, har ɓarin da ya shanye ya ɗan bi sahu.

"La ilaha illallahu," ta ce a hankali. "Ga shi nan."

"Ya taso?"

"Ya taso. Malam, ya fito daga takardar. Dubi kumatu, kamar an hura su. Dubi ninkin wuya. Kai, wannan ai ya ci gidansu." Tana dariya tana kuka, ba ta san wanne za ta fara gamawa ba. "Hancinka ne, wallahi, wannan ƙaton hancin naka ne aka ɗora wa bawan Allah. Ga hannun nan ya miƙo min. Angona, ni kake wa dambe? Daga zuwa?"

Ta karkata dama, ta ce yana bin ta. Ta karkata hagu, ta ce nan ma ya biyo ta. Ta ƙirga yatsun da ke dunƙule, ta yaba farcen, ta yi faɗan an sa masa riga mai faɗi. Rabon da ya ji muryarta da irin wannan ƙarfi tun kafin ciwon. Shi dai yana tsugune, daɗi ya cika shi.

Can ta juyo, ido ɗaya ja ɗaya shuɗi, ta same shi yana kallonta.

"Kai ba ka kallon yaron, ni kake kallo."

"A nan na fi ganinsa."

"Tsakani da Allah, kai me kake gani a takardar?"

"Aikin da ya zame," ya ce. "Ja a gefe, shuɗi a gefe. Irin wanda nake jefawa a kwandon shara."

Sai yanzu ta gane cewa duk wahalar nan da ya sha, ya gina abin da shi ba zai taɓa shiga ba, kuma ya san haka tun ranar farko.

"Matso," ta ce. "Ba ni hannunka. Miƙe manuniya."

Ta kama wuyan hannunsa da hannunta mai lafiya, ta ja shi zuwa wajen hoton. Ya ɗauka takardar za ta taɓa masa, har ya buɗe baki zai ce tawada ba ta son yatsa. Amma ba ta kai shi can ba. Ta ɗan ɗaga shi sama, ta dawo da shi baya kaɗan, ta gusa shi hagu, tana lumshe ido tana auna wuri. Sannan ta tsayar da shi cak a cikin iska, kusan taƙi guda kafin takardar.

"Nan," ta ce. "Nan hannunsa yake. Kana taɓa shi yanzu."

Mai Ɗab'i ya dubi yatsansa mai baƙin tawada a ƙarƙashin farce, tsaye a inda babu komai. Ya so ya matsa gaba kaɗan, ta riƙe shi gam.

"A hankali," ta ce da raɗa. "Kada ka tashe shi."

Bai motsa ba.